ƘWARO MAI GAJEREN FIFFIKE: KU SAN SHI, KADA KU MURJE SHI

Ƴan uwa manoma, darasinmu na yau game da wani ɗan ƙwaro ne siriri, tsawonsa bai wuce santimita 1 ba. Kansa baƙi ne, ƙirjinsa ja, ƙarshen cikinsa baƙi. In ya ji tsoro sai ya ɗaga gindi kamar kunama, amma ba ya harbi, ba ya cizo.

DANGINSA DA SUNAYENSA

Kamar yadda mutum yake da ƙabila da dangi da gida, haka masana suka raba ƙwari.

1. Ƙabila: Coleoptera. Kalmar Girkanci ce. Koleos shi ne kube, pteron fiffike. Watau ƙwari masu fiffike mai tauri da ke rufe na tashi, kamar kube da wuƙa. Buzuzu da hangara suna cikinta.

2. Dangi: Staphylinidae. Wani Bafaranshe, Latreille, ya sa sunan a 1802, daga staphylinos, sunan wani ƙwaro a tsohon Girkanci. An san iri fiye da 60,000. An taɓa kiransu Brachelytra, watau masu gajeren kube, don kubensu bai rufe ciki ba.

3. Gida: Paederus. Fabricius, mutumin Danmak, ya sa sunan a 1775. Namu ke nan.

AMFANINSA

Yana zama inda ke da laima: fadama, lambu, da gonakin shinkafa irin na Saga da Kirkisoy a bakin kogin Yamai. Ba ya cin shuka. Abincinsa darɓa da ƙananan ƙwari da ƙwayayensu. Wanda ya fesa magani barkatai ya kashe mai gadin lambunsa.

ILLARSA

A jikinsa akwai dafi, sunansa pederin. Dafin ba ya fita sai an murje ƙwaron a fata. Bayan kwana 1 ko 2 wurin ya yi ja, ya yi bororo kamar ƙuna. In hannu mai dafin ya taɓa ido, idon ya kumbura. A ƙasar Kenya, bayan ruwa mai yawa na 1997 da 1998, ya yaɗu ya dami mutanen Nairobi ƙwarai.

Da dare yana bin haske. Saboda haka mai kwana ƙarƙashin fitila da damana, a unguwar Bobiel ne ko a ƙauye, sai ya lura.

Kada a haɗa shi da hangara. Ita ma tana sa bororo, amma danginta Meloidae ne, ta fi shi girma, kuma tana cin furen hatsi. Ita ɓarna take yi a gona, shi kuwa taimako.

ABIN DA ZA MU YI

1. In ya sauka a jiki, a hure shi ko a kaɗe shi da takarda.
2. In an murje shi, a wanke wurin maza da ruwa da sabuni.
3. Kada a sosa ido kafin a wanke hannu.
4. A kwana cikin gidan sauro, nesa da fitila.
5. In ido ya kumbura ko wurin ya ruɓe, a je likita.

TAMBAYOYI

Mene ne ma'anar Coleoptera? Don me ba za mu murje shi ba? Ina bambancinsa da hangara?

Ku karanta wa waɗanda ba su iya karatu ba. Allah ya ba mu damana mai albarka.