Darasi daga Indiya: Kaso a Ɗaukar Malamai Yana da Iyaka?

'Yan'uwa ɗalibai, musamman masu karatun harkokin mulki, ga wata shari'a da ya kamata ku riƙe da kyau.

A watan Janairun 2000, gwamnatin jihar Andhra Pradesh ta Indiya ta ba da umarni cewa duk guraben koyarwa a makarantun yankunan ƙabilun da aka bari a baya na 'ya'yan waɗannan ƙabilu ne kaɗai, ɗari bisa ɗari. A cikin guraben kuma, kashi ɗaya bisa uku na matansu ne. Hujjar gwamnati mai nauyi ce: malaman da ake turowa daga nesa ba sa zama a ƙauyukan, yara na zaune ba mai koya musu. Ɗan gida kuwa ya san yaren, kuma ba inda zai gudu.

To, sai waɗanda aka rufe wa ƙofa suka garzaya kotu. Babbar kotun jihar ta goyi bayan gwamnati, amma ranar 22 ga Afrilu, 2020, alƙalai biyar na Kotun Ƙolin Indiya suka soke umarnin. Ga dalilansu:

1. Sashe na 14 da na 16 na tsarin mulkin ƙasar sun ba kowa dama daidai a aikin gwamnati. Ware kaso halas ne, kwashe duka kuwa ya zama danniya.

2. Tun a shari'ar Indra Sawhney ta 1992, kotun ta ce guraben da ake warewa kada su wuce kashi 50 cikin 100, sai da wani babban dalili na musamman.

3. Umarnin bai cutar da masu galihu kaɗai ba. Ya toshe wasu rukunan talakawa masu nasu kason, har da 'yan ƙabilun da ke zaune a wajen yankunan.

Ina makomar mata? Ka ga, nasu kason a cikin na ƙabilun yake, kamar ɗaki a cikin gida. Da gidan ya rushe, ɗakin ma ya tafi, ko da yake ba rabon matan ne abin da ya jawo hukuncin ba.

Kotun dai ba ta kori malaman da aka riga aka ɗauka ba, da sharaɗin kada a sake. Ta kuma ɗora wa Andhra Pradesh da Telangana, wadda aka cire daga cikinta a 2014, biyan kuɗin shari'a rupi 500,000.

Abin lura shi ne, kyakkyawar niyya ba ta wanke doka a gaban alƙali. Sai an auna wa aka ɗaga, wa aka danne. Matsalar rashin malamai a ƙauye kuma hukunci bai magance ta ba.

Tambayar nazari: da kai ne kwamishinan ilimi, ta wace hanya za ka zaunar da malami a ƙauye ba tare da ka hana wani neman aiki ba?