Amanar Ɓarayi: Finafinan Yakuza da Waƙoƙin Maza

Gabatarwa

Manufar wannan maƙala ita ce kwatanta jigon amana a finafinan Japan na farko da abin da ke cikin waƙoƙin maza na ƙasar Hausa, musamman na yankin Sakkwato da Zamfara.

Finafinan Yakuza

Yakuza su ne ƙungiyoyin 'yan caca da 'yan ta'adda na Japan. Tsarinsu na ubangida da bara ne, wato oyabun da kobun. A 1927 Ito Daisuke ya fitar da fim ɗin Chuji Tabi Nikki, labarin Kunisada Chuji, ɗan cacan da talakawa suka ɗauka gwarzo. A shekarun 1960 kamfanin Toei ya yawaita irin waɗannan finafinai, inda jarumi kamar Takakura Ken kan shiga tsaka mai wuya tsakanin giri, wato nauyin ubangida, da ninjo, wato tausayin zuciya. Amma a 1973 Fukasaku Kinji ya tone asirin wannan amana a Jingi Naki Tatakai, ya nuna cewa iyayengiji kan sayar da barorinsu saboda abin duniya.

Waƙoƙin Maza

Idan muka waiwayo gida, za mu tarar Kassu Zurmi ya yi wa 'yan tauri waƙa, shi kuwa Gambu ya shahara da waƙar ɓarayi. A nan ma ana yaba wa mutum saboda rashin tsoro da riƙon sirrin abokan sana'a. Bambancin shi ne, fim yakan nuna ƙarshen jarumi, ko kurkuku ko kabari, alhali kirari yakan tsaya ne a kan bajinta. Wanda aka yi wa satar ba a jin muryarsa.

Kammalawa

Wannan batu ba na nishaɗi kaɗai ba ne. A watan Janairu na 2022 'yan bindiga sun hallaka jama'a da dama a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, su ma kuwa sun yi haka ne bisa biyayya ga shugabannin dabarsu. Saboda haka ya kamata ɗalibin adabi ya riƙa tambaya: amanar nan da ake wasawa, wa ta tsare, wa kuma ta cuta? Amanar da ta tsaya a bakin daba, cin amanar gari ce.