Madatsar Ruwa Ta Tiga

A ƙasar Bebeji, kudu da birnin Kano, akwai wata babbar madatsar ruwa da ake kira Tiga. A zamanin Gwamna Audu Bako aka tare Kogin Kano aka gina ta. An gama aikin a shekarar 1974.

A da, in damina ta wuce, manomi yakan rataye fartanyarsa ya tafi cin rani. Da aka yi madatsar nan, sai aka haƙa hanyoyin ruwa har zuwa gonakin Kadawa da Kura. Mutane suka kama noman rani, suna shuka alkama da shinkafa da tumatir.

Amma fa ruwa kaɗai ba ya wadatar da manomi, sai da kasuwa. A shekarar 1987 gwamnati ta hana shigo da alkama daga ƙasashen waje. Nan da nan alkamar gida ta yi daraja, manoma suka duƙufa wajen nomanta. A shekarar 1992 aka janye dokar. Alkamar waje ta cika kasuwa da araha, ta gida ta faɗi. Da yawa suka bar ta, suka koma shinkafa da tumatir.

Ashe manomi yana duban sama, yana kuma duban kasuwa. Dokar da aka yi a nesa takan iso har cikin rumbunsa.

Tambayoyi
1. A wace shekara aka gama madatsar Tiga?
2. Me ya karya darajar alkamar gida?