Yaushe ake dasa itace a jihar Diffa, kuma ta yaya?

Ƴan uwa manoma, tun shekarar 1975 muke dasa itatuwa ran 3 ga watan Agusta, ranar da Nijar ta samu ƴancin kai. Amma da yawa daga cikinsu ba su kai wa damina ta biyu. Dalili shi ne rashin sanin lokaci da rashin sanin ƙasa. Wannan darasi zai yi mana bayani a kan su biyun.

Ruwan sama ba ɗaya ba ne

A Gaya ana samun ruwan sama wajen milimita 800 a shekara. A Maraɗi wajen 500. A garin Diffa wajen 300 ne, a Ngigmi kuwa wajen 200. Daminarmu gajera ce, ruwa ya fi yawa a Yuli da Agusta. Saboda haka mutumin Gaya yana iya jinkiri, mu kuwa ba mu da wannan dama. Itacen da muka dasa a watan Satumba ba zai kafa saiwa ba kafin ruwa ya ɗauke.

Ƙasarmu iri uku ce

1. Tudu mai rairayi, kamar na Maine-Sorowa da Gudumariya. Nan itace ya dogara ga ruwan sama kaɗai. Mu dasa daga tsakiyar Yuli zuwa tsakiyar Agusta, bayan ruwa mai ƙarfi. Mu tona da hannu mu gani. In laima ta kai tsawon kamu ɗaya, lokaci ya yi. Dakwara, mai ba da ƙaro, da aduwa da magarya sun dace da wurin. Inda rairayi ke tafiya, mu fara kafa shinge da rani, ya tare iskar da ke busowa daga gabas maso arewa.

2. Bakin Komadugu. Ruwan kogin daga Nijeriya yake zuwa, ta kogin Haɗeja da na Jama'are. Ya fi cika bayan damina ta wuce, wajen Nuwamba. A shekarar 2019 da ta 2022 ya yi ambaliya ya ci gonaki. Don haka mangwaro da gwaba da lemun tsami sai a sa su sama da inda ruwa ya saba kai wa. Bagaruwa tana jure ruwan da ya kwanta, ita ce ta dace da ƙasar laka. Mai ban ruwa yana iya dashe da damina, ko da farkon sanyi. Kada mu dasa a Afirilu da Mayu, zafi zai ƙone dashen. Lalle yana yin shinge mai kyau a gonar tattasai, ga shi mata suna sayar da ganyensa.

3. Kwari, inda ruwa ke kusa a ƙarƙashin ƙasa. Tsakiyar kwari sau da yawa kanwa gare ta, tana kashe ƙaramin dashe. Mu dasa dabino a gefe, inda ƙasa ba ta yi fari ba. Mu cire ɗan dabino daga gindin uwa mai ba da ƴaƴa masu kyau, domin wanda ya tsiro daga ƙwallo yana iya fitowa namiji.

Yadda ake dashe

1. Mu shuka iri cikin leda wata 3 kafin ranar dashe, wato a Afirilu, a inuwa. Irin dakwara a jiƙa shi ya kwana cikin ruwa.

2. Mu haƙa rami tun kafin ruwa ya sauka. Itacen daji: faɗi santimita 40, zurfi 40. Itacen marmari: santimita 60 ko fiye.

3. Mu ware ƙasar sama daban, mu gauraya ta da taki wanda ya ruɓe. Ɗanyen taki yana jawo gara, yana ƙone saiwa.

4. Mu bar mita 5 tsakanin dakwara da dakwara, mita 10 tsakanin mangwaro da mangwaro.

5. Mu yi dashe da maraice. Mu yanke gindin ledar da wuƙa, mu tsaga ta, mu cire ta gaba ɗaya. Kada ƙasar da ke riƙe da saiwa ta wargaje.

6. Kada mu binne wuyan itacen. Mu mayar da ƙasa, mu danne ta da ƙafa, mu bar ɗan gurbi da zai tara ruwa.

7. Mu kewaye shi da ƙaya ko kwando a ranar. Akuya ɗaya tana ɓata aikin wata 3 cikin ɗan lokaci.

Abin da za mu riƙe

Itace 10 da aka tsare sun fi 100 da aka dasa aka manta. Kowane magidanci ya dubi ƙasarsa, ya zaɓi itacen da ya dace da ita, ya tanadi rami da ƙaya tun da bazara. Mai neman ƙarin bayani ya tuntuɓi ma'aikatan gandun daji na yankinsa. Da sanyin safiya ake kama fara.