DARASI: KALMOMIN INGILISHI DA ZA SU YI MANA AMFANI

Ƴan'uwa ɗaliban yaƙi da jahilci na Agye, Gazawa da Gidan Rumji,

Garuruwanmu ba su da nisa da iyakar Najeriya. Muna kai wake, aya da dabbobi. Muna sayo taki, magani da tufafi. Wasu suna bin hanyar Maraɗi, Ɗan Isa da Jibiya har Katsina. Samarinmu kuma suna tafiya cin rani Kano ko Ikko. A can, takardun hukuma da rubutun jikin kaya duka da Ingilishi suke. Wanda bai san ko kalma ɗaya ba, ana iya cutar shi.

Mafarin abin shi ne mulkin mallaka. A 1903 Turawan Ingila suka ci Kano da Sakkwato. Mu kuma Faransa ta mallake mu. Shi ya sa Hausarmu ta ari kalmomin Faransanci, tasu ta ari na Ingilishi. A 2025 dokar ƙasarmu ta ce Hausa ce harshen ƙasa, Ingilishi da Faransanci kuma harsunan aiki.

1. WAƊANDA MUKA RIGA MUKA SANI

Kada kowa ya ji tsoro. Mun daɗe muna faɗin Ingilishi ba mu sani ba. Mota, bokiti, siminti, tasha da canji duka daga Ingilishi suka fito.

Amma akwai bambanci tsakaninmu da maƙwabta:
Mu ce duwan, su ce kwastan.
Mu ce shofer, su ce direba.
Mu ce lokotoro, su ce likita.

A lura da ta ƙarshe. A nan, likita gidan magani ne. A can, likita mutum ne, gidan kuwa asibiti. In ba ka da lafiya a Katsina, ka ce a kai ka asibiti.

2. NA KASUWA

How much? Ana faɗi “hawu moc”. Ma'ana: nawa ne?
Last price. Ana faɗi “las farayis”. Ma'ana: kuɗin ƙarshe, ba ragi.
Receipt. Ana faɗi “rasit”. Takardar shaidar biya ce. In ka sayi babur, rediyo ko injin ban-ruwa, kada ka tafi sai da ita.
Fake. Ana faɗi “fek”. Ma'ana: jabu.

3. NA BAKIN TITI

Akwai wani Ingilishi da ake kira Buroka. Shi ake ji a tasha da kasuwannin kudu. Sau da yawa ma'anarsa ba ita ce ta littafi ba.

How far? A littafi tambayar nisa ce. A titi gaisuwa ce, kamar “ina labari?”
Abeg. Don Allah.
Chop. A littafi sara ne. A titi cin abinci ne. In an ce wani ya yi chop ɗin kuɗi, to, ya cinye su.
Dash. Kyauta. Amma in ma'aikaci ya nemi dash kafin ya yi aikinsa, wannan cin hanci ne.
Go-slow. Cunkoson motoci.
No wahala. Ba damuwa. Kun ga, wannan tamu ce suka ara.
419. Ana faɗi “fo-wan-nayin”. Lambar wani sashe ce a dokar Najeriya, mai hukunta zamba. Daga nan ta zama sunan damfara. In ka ji an ce wane ɗan 419 ne, riƙe aljihunka.

4. NA JIKIN KAYA

Wannan sashe ya fi kowane muhimmanci, don ya shafi rai.

MFG ko MFD: lokacin da aka yi abin.
EXP: lokacin da amfaninsa ya ƙare. Misali, EXP 08/2026 na nufin watan 8 na shekarar 2026. In lokacin ya wuce, kada a saya, kada a sha.
POISON: guba. Sau da yawa akwai hoton ƙoƙon kan mutum a gefe. Irin wannan ba a aje shi kusa da hatsi ko randa. Kwalbarsa ba a zuba mai ko nono a ciki.
FOR ANIMAL USE ONLY: na dabbobi ne kaɗai. Mutum ba ya sha.
KEEP OUT OF REACH OF CHILDREN: a aje inda hannun yara ba ya kaiwa.
NOT FOR SALE: ba na sayarwa ba ne. Kayan taimako ne. Mai sayar da shi ya ci haƙƙin jama'a.
NAFDAC: hukumar Najeriya mai kula da abinci da magani, wadda aka kafa a 1993. Maganin Najeriya da ba shi da lambarta, a guje shi. Ko da lambar ma, ya fi kyau a nuna wa ma'aikacin lafiya, don ƴan jabu suna kwaikwayon ta.

AIKI

1. Mene ne bambancin likita a nan da likita a Katsina?
2. An rubuta EXP 03/2024 a kwalin magani. Za ka ba ɗanka?
3. Mene ne 419?
4. Gobe kowa ya zo da kwali ko kwalba ɗaya daga gida, wadda ba ta guba ba. Mu nemi EXP tare da malami.

Wanda ya koya, ya koya wa iyalinsa da maƙwabcinsa. In ka ga rubutun da ba ka gane ba, tambaya kafin ka biya. Hausawa sun ce matambayi ba ya ɓata.