Darasi: Yadda Ake Auna Fawa Bank Mai Araha Kafin A Biya Kuɗi

A Kazaure, Roni, Gwiwa da Babura, fawa bank ya zama abokin tafiyar waya. Ɗalibin Kwalejin Hussaini Adamu da ke Kazaure yana buƙatarsa don karatun dare, mai POS a kasuwar ƙauye yana buƙatarsa don kada na'ura ta mutu ana tsakar ciniki, wanda ke jiran wutar KEDCO kuwa ya san ba a yi mata alkawari. Matsalar ita ce kasuwa ta cika da kaya iri-iri, kowanne da babbar lamba a jikin kwali. Wannan darasi zai nuna yadda ake auna abubuwa uku: yawan cajin da fawa bank ke ɗauka, kuɗinsa, da kuma ƙarkonsa.

Me lambar mAh take nufi?

Lambar da ake rubutawa a kwali, kamar 10,000mAh ko 20,000mAh, tana nuna ƙarfin batiran da ke cikin fawa bank ne. Ba ita ce adadin cajin da zai shiga waya ba. Batiran ciki suna aiki da bolt 3.7, amma ramin USB yana fitar da wuta da bolt 5. Sai an ɗaga wutar kafin ta fito, kuma wajen ɗagawar wani kaso yana salwanta, ya koma zafi.

Ma'aunin da ya fi gaskiya shi ne Wh. Lissafinsa mai sauƙi ne: a ninka mAh da bolt, a raba da 1,000.

10,000mAh × 3.7 ÷ 1,000 = 37Wh
20,000mAh × 3.7 ÷ 1,000 = 74Wh

Yawancin wayoyin Tecno, Infinix da Redmi na yanzu suna zuwa da batirin 5,000mAh, wato kusan 19Wh. A takarda, 37Wh ya kamata ya cika irin wannan waya kusan sau biyu. A aikace, bayan an cire asarar da ake yi a cikin fawa bank, da cikin kebul, da cikin wayar kanta, abin da ake samu bai wuce caji ɗaya da rabi ba. Mai 20,000mAh kuma yakan ba da caji biyu da rabi zuwa uku. Wannan ba ha'inci ba ne, haka na'urar take aiki. Kamar ɗan garuwa ne da ya cika jarka a bakin famfo: kafin ya isa gida, wani abu ya zube a hanya.

Kamfanonin kirki suna rubuta lamba ta biyu da ƙananan haruffa a bayan na'urar, inda aka sa “Rated capacity”. A kan mai 10,000mAh, lambar takan kasance wajen 6,000mAh zuwa 6,500mAh. Ita ce ta fi kusa da abin da zai fito. Fawa bank ɗin da babu wannan lamba a jikinsa, babu Wh, babu sunan kamfani, abin a yi taka-tsantsan da shi ne.

Gwaji na farko: nauyi

Batiri yana da jiki, kuma jikin yana da nauyi. Batirin da ake kira 18650, wanda ake samu a cikin tocila mai caji da tsoffin batiran laftof, faɗinsa milimita 18, tsawonsa milimita 65, nauyinsa kusan giram 45. Mafi ingancinsa ba ya wuce kusan 3,500mAh. Ke nan kafin a haɗa 20,000mAh sai an jera guda shida, nauyinsu kaɗai ya kai giram 270, ban da kwanso da allon lantarki. Ko da batirin ciki irin mai faɗin nan ne, lissafin bai yi nisa da haka ba.

Saboda haka mai 10,000mAh na gaske yakan kai giram 180 zuwa 250, mai 20,000mAh kuma giram 350 zuwa 450. Idan aka ga wanda aka rubuta wa 50,000mAh amma nauyinsa bai fi na waya ba, an gama magana, lambar ƙarya ce.

Sai dai nauyi yana kama ƙarya ne kawai, ba ya tabbatar da gaskiya. Masu jabu sun daɗe da gano wannan gwaji, har akwai waɗanda ke sa batiri ɗaya na gaske, su cika sauran da yashi. Shi ya sa ake buƙatar gwaji na biyu.

Gwaji na biyu: lokacin da yake ɗauka kafin ya cika

Caja ta yau da kullum mai bolt 5 da amfiya 2 tana ba da wat 10. Fawa bank mai 74Wh da ya mutu murus zai buƙaci fiye da awa 7 kafin ya cika da irin wannan caja, galibi awa 8 zuwa 10. Idan wanda aka ce 20,000mAh ne ya cika cikin awa 2 da ƙaramar caja, to tulun da ke ciki ƙarami ne.

Bayan ya cika, sai a bar waya ta sauka zuwa kashi 10, a jona ta, a ajiye ta ba tare da taɓawa ba har ta cika, a maimaita har fawa bank ya mutu. A rubuta sakamakon. Ya dace a yi wannan tun a kwana biyun farko, lokacin da mai shago zai iya karɓar kayansa.

Yadda ake lissafin kuɗi

Kuskuren da ake yawan yi shi ne kwatanta farashi da lambar kwali. Abin da ya kamata a kwatanta shi ne kuɗin da kowane caji ɗaya zai tsaya wa mutum. Ga misali na lissafi, farashin ba na kasuwar yau ba ne:

Na farko an rubuta masa 30,000mAh, kuɗinsa naira 10,000. Yana cika waya sau ɗaya, kuma bayan wata huɗu ya daina riƙe caji. An samu caji kusan 120, kowanne ya tsaya a kan naira 83.

Na biyu mai 20,000mAh ne na gaske, kuɗinsa naira 18,000. Yana cika waya sau biyu da rabi. Batirin litiyam mai kyau yakan jure cikawa da saukewa sau 300 zuwa 500 kafin ya yi rauni sosai. Ko an ɗauki 300, an samu caji 750, kowanne a kan naira 24.

Wanda ya fi tsada a shago shi ne ya fi sauƙi a aljihu. Dama Hausawa sun ce araha ba ta ado. Ga wanda ke zaune a Gwiwa ko Roni akwai ƙarin lissafi: idan an sayo kayan daga kasuwar waya ta Farm Centre a Kano, kuɗin motar mayar da shi na iya cinye rarar da aka samu. Sayen kaya wurin mai shago na kusa, wanda zai yarda a dawo masa da shi, yana da nasa amfanin.

Ƙarko da tsaro

A cikin fawa bank akwai allon da ke yanke wuta idan batiri ya cika, ko ya yi zafi, ko wayoyi suka haɗu. Nan ne masu arahar banza suke rage kuɗi, domin mai saye ba ya ganinsa. Batirin litiyam da ba shi da wannan kariya yana iya kumbura, yana iya kamawa da wuta.

Ko manyan kamfanoni ba su tsira ba. A watan Yunin 2025, Anker ya janye fiye da guda miliyan ɗaya na samfurin PowerCore 10000 a Amurka saboda haɗarin gobara, Romoss ma ya janye kusan 490,000 a ƙasar Sin. A ƙarshen watan, Sin ta hana shiga jiragen cikin gida da fawa bank ɗin da ba shi da tambarin inganci na 3C. Bambancin shi ne kamfani mai suna yana da lambar samfuri da za a bi, ana iya sanar da jama'a. Wanda ba shi da suna, babu mai sanar da kowa.

Zafi ma yana rage wa batiri kwana. A watannin Afrilu da Mayu, lokacin da zafin wannan yanki ke haura digiri 40, bai kamata a bar fawa bank a gaban mota, ko kan tankin babur, ko ƙarƙashin matashi yana caji ba. Wannan ya shafi masu ɗan faifan sola a jiki. Faifan bai fi wat ɗaya zuwa biyu ba, don haka cika 74Wh zai ci fiye da awa 35 na rana mai ƙarfi, kuma duk tsawon lokacin batirin yana gasuwa.

Idan fawa bank ya kumbura, ko yana wari, ko yana zafin da hannu ba ya jurewa, a daina amfani da shi nan take. Kada a huda shi, kada a jefa shi cikin bolar da ake ƙonawa.

Wanne ya dace da wa?

Wanda ke samun wuta ko sola kusan kullum, mai 10,000mAh ya ishe shi, ga sauƙin ɗauka. Mai POS, ko ɗalibin da ke yin kwana biyu babu wuta, mai 20,000mAh ya fi masa, musamman mai ramin USB-C da ke karɓar caji da sauri, don ya cika cikin 'yan awannin da aka kawo wuta. Mai niyyar tafiya Umara ko wata tafiyar jirgi ya sani cewa iyakar da aka saba yarda da ita ba tare da izini ba ita ce 100Wh, kusan 27,000mAh, kuma a jakar hannu ake sa shi.

Kafin a miƙa kuɗi, a juya bayan na'urar a nemi Wh da lamba ta biyu, a ɗaga ta a ji nauyinta, a duba tambarin tantancewa idan kamfanin yana sakawa a kwali, a karɓi rasit, sannan a yi magana da mai shago a kan kwana nawa zai karɓi kayan idan gwajin gida bai yi daidai ba. Idan ya ƙi yarda da kwana biyu na gwaji, a duba shago na gaba.