Kumburin Gefen Fatar Ido: Sunansa, Sanadinsa da Maganinsa

Gabatarwa

'Yan'uwana ɗalibai, duk wanda ya zauna ajin fassara ya san cewa akwai kalmomin da aka ɗora wa kaya fiye da ƙarfinsu. Ɗaya daga cikinsu ita ce "ciwon ido". In ido ya yi ja, ciwon ido ne. In fatar ido ta kumbura, ciwon ido ne. In kwantsa ta manne ido da safe, shi ma ciwon ido ne. Alhali a wurin likita waɗannan cututtuka ne daban-daban, kuma maganin wata yakan zama guba ga wata.

A wannan maƙala zan ɗauki guda ɗaya daga cikinsu, wato ja da kumburin gefen fatar ido, in bayyana abin da ke kawo shi, da cututtukan da ake rikita shi da su, da yadda ake magance shi. Dalilina biyu ne. Na farko, mu da muke nazarin Hausa a nan kudu, mu ne za a iya nema mu yi tafinta a asibiti, ko mu rubuta sanarwar lafiya domin jama'ar Sabo a Ibadan ko ta Agege a Legas. Tafintan da ya mayar da komai "ciwon ido" ya rage wa likita rabin bayani. Na biyu, ido shi ne jarin ɗalibi.

Sunayen sassan ido

Kafin mu shiga batun cuta, ya kamata mu daidaita kalmominmu. Fatar ido ita ce marufin da ke buɗewa da rufewa, akwai ta sama da ta ƙasa. Gashin ido shi ne wanda ya tsiro a gefenta, kada a haɗa shi da gira, wadda ke can sama a ƙasan goshi. Ƙwayar ido kuwa ta ƙunshi farin ido da baƙin ido. Akwai wani siririn tantani da ya lulluɓe farin ido da cikin fatar ido, sannan akwai wani tantanin garai-garai a gaban baƙin ido wanda haske ke ratsawa. Kwantsa ita ce dattin da ke taruwa a lungun ido.

A bayan layin gashin ido akwai waɗansu 'yan jakunkuna masu fitar da maiƙo, kimanin 25 zuwa 40 a fatar sama, 20 zuwa 30 a ta ƙasa. Wani likita Bajamushe mai suna Heinrich Meibom ne ya yi bayaninsu a shekarar 1666, shi ya sa har yau likitoci ke kiransu da sunansa. Duk lokacin da muka ƙifta ido, maiƙon nan yakan shimfiɗu a kan hawaye ya hana shi saurin bushewa. A riƙe wannan, domin a nan asalin matsalar yake.

Mece ce wannan cuta?

Likitoci suna kiranta bilefaritis, daga kalmar Girkanci bilefaron, ma'ana fatar ido. Ni dai a wannan rubutu zan kira ta "kumburin gefen fatar ido", domin sunan ya nuna ainihin wurin da abin yake. Alamominta su ne: gefen fatar ido ya yi ja ya ɗan kumbura, a riƙa jin ƙaiƙayi da zafi-zafi kamar an zuba yashi a ido, a ga wani ɓawo-ɓawo kamar dusa a gindin gashin ido, a wayi gari ido ya manne. Wani lokaci gani yakan dushe, amma da an ƙifta ido sai ya washe. Galibi idanu biyu take kamawa, kuma ta fi tsanani da safe.

Abu biyu ya kamata a sani game da ita. Na ɗaya, ba a ɗaukarta daga wani. Na biyu, cuta ce mai naci, takan lafa ta dawo, wani har tsawon shekaru. Ba kasafai take taɓa gani ba, amma in aka yi sakaci takan jawo hazbiya a kai a kai, da bushewar ido, da zubewar gashin ido.

Abubuwan da ke haddasa ta

Masana sun kasa ta gida biyu. Akwai ta gaba, wadda ke kama gindin gashin ido, akwai ta baya, wadda ke kama jakunkunan maiƙo. Sau da yawa mutum ɗaya yakan haɗa duka biyun.

Ta gaba tana da sanadi uku da aka fi sani. Na farko, ƙwayoyin cutar da ake kira sitafilokokas. Dama can suna zaune a fatar kowa, sai in sun yi yawa a gefen ido su tayar da kumburi. Na biyu, amosanin kai. Mai yawan amosani a ka da gira yakan same shi har a gashin ido. Na uku, wani ɗan mitsitsin ƙwaro mai suna Demodex, wanda ba a ganinsa sai da madubin likita. A cikin ramin gashi yake zama, kuma yawansa yana ƙaruwa yayin da mutum ke manyanta.

Ta baya kuwa tana faruwa ne idan maiƙon ya yi kauri ya toshe bakin jakunkunan. Sai hawaye ya rasa abin da zai rufe shi, ya riƙa bushewa da wuri. Abin mamaki, mai wannan matsala yakan yi ta zubar da hawaye, saboda ido yana ƙoƙarin cike gurbin abin da ya bushe.

Akwai kuma abubuwan da ba su ne sanadi ba amma suna ƙara rura wutar: ƙurar hunturu, hayaƙin itace da na janareta, kwana da kwalliyar ido, gashin ido na kanti da gam ɗinsa, da doguwar zura wa waya ko kwamfuta ido, domin a lokacin ƙiftawarmu takan ragu ƙwarai.

Cututtukan da ake rikita ta da su

Nan ne aikin ɗalibin harshe yake. Akwai sunaye huɗu da ya kamata mu bambance.

Hazbiya. Wannan kalma tana da ma'ana biyu a ƙamus: tsuntsuwar nan dangin kurciya, da kuma ɗan ƙurjin da ke fitowa a gefen fatar ido. Ƙurjin yana da zafi, a wuri ɗaya yake tsayawa, kuma yakan fashe ya warke da kansa cikin mako ɗaya ko biyu. Akwai kuma wani ƙullutu marar zafi da ke fitowa a cikin fatar idan jakar maiƙo ta toshe, shi yakan daɗe fiye da hazbiya.

Afolo. Wannan kumburin tantanin farin ido ne, ƙwayar bairos ke kawo shi, kuma yana yaɗuwa kamar wutar daji. An fara ganin annobarsa a ƙasar Gana a shekarar 1969, shekarar da kumbon Amurka mai suna Apollo 11 ya kai mutane duniyar wata, sai jama'a suka laƙaba masa sunan kumbon. Ga misali mai kyau na yadda aron kalma ke shiga harshe. Mutane da yawa suna zaton kallon mai Afolo ne ke sa a kamu. Ba haka ba ne, ta hannu da tawul da hankici yake bi.

Ƙaiƙayin ido na borin jiki. Wannan ya fi kama yara, musamman maza. Ƙaiƙayi ne mai tsanani, yaro ya yi ta murzar ido har farin idonsa ya koma ruwan ƙasa. Ƙura da garin furanni ne ke tayar da shi, ba ƙwayar cuta ba.

Amosanin ido. A nan tarkon yake. Tun da kumburin gefen fatar ido yana zuwa da ɓawo irin na amosanin kai, mai fassara zai so ya kira shi "amosanin ido". To, wannan suna yana da mai shi. Shi ne sunan da ake kiran tarakoma da shi, cutar da ƙudaje da hannuwa marasa tsabta ke yaɗawa. Idan ta yi ta maimaita kama mutum tun yana yaro, cikin fatar idonsa yakan yi tabo, gashin ido ya juya ciki yana kartar baƙin ido, har a kai ga makanta. Hukumar Lafiya ta Duniya ta tsara hanyoyi huɗu na yaƙi da ita: tiyatar fatar ido, maganin kashe ƙwayar cuta irin su azitiromaisin, wanke fuska, da tsabtace muhalli. Da wannan tsari ne Gana ta samu shaidar hukumar a shekarar 2018 cewa cutar ta daina zama barazana ga jama'arta. Ke nan wanda ya musanya waɗannan sunaye biyu, ko dai ya tsorata mai ƙaramar cuta, ko ya kwantar da hankalin mai babba.

Magani

Babban maganin kumburin gefen fatar ido ba a kemis yake ba, a gida yake, kuma matakai uku ne. Kafin a fara, a wanke hannu da sabulu.

1. Gashi. A jiƙa tsumma mai tsabta da ruwan ɗumi, ba mai ƙuna ba, a matse, a rufe ido a ɗora na tsawon minti 5 zuwa 10. In ya huce a sake jiƙawa. Ɗumin ne ke narkar da maiƙon da ya daskare, ya kuma tausasa ɓawon.

2. Tausa. Da ɗan yatsa, a shafo fatar sama zuwa ƙasa, ta ƙasa kuma zuwa sama, wato wajen gashin ido, a hankali ba tare da danna ƙwayar ido ba.

3. Gogewa. A sami auduga a tsoma cikin ruwan da aka tafasa ya huce, a goge gindin gashin ido. Kowane ido da audugarsa.

Za a yi haka sau biyu a rana har abin ya lafa, sannan a ci gaba sau ɗaya a rana ko da an ji sauƙi. Sai an yi makonni kafin a ga canji sosai. Hazbiya ma da gashi ake bin ta, sau uku ko huɗu a rana, kuma ba a matse ta. A ajiye kwalliyar ido har sai an warke, mai amosanin kai kuma ya nemi maganinsa.

Idan wannan bai wadatar ba, likita yakan rubuta man ido mai kashe ƙwayoyin cuta kamar kuloramfenikol, ko ruwan ɗigawa mai maye gurbin hawaye. Ga mai toshewar jakunkunan maiƙo da ta ƙi ji, akan ba da ƙwayar dokisaikilin ta makonni, amma ba a ba mai ciki ko ƙaramin yaro. A shekarar 2023 hukumar kula da magunguna ta Amurka ta amince da wani maganin ɗigawa mai suna lotilana, wanda aka yi musamman domin kashe ƙwaron Demodex.

Abubuwan da za a kauce wa

Na farko shi ne sayen maganin ɗigawa mai sitiroyid, irin su dekzametazon, ba tare da likita ya duba ba. Yana kawar da ja nan da nan, shi ya sa ake sonsa. Amma yawan amfani da shi yana iya jawo hawan jinin ido da yanar ido, kuma in akwai gyambo a baƙin ido sai ya ƙara haƙa shi.

Na biyu, zuba wa ido fitsari, ko nonon uwa, ko ruwan sukari, ko ruwan ganye. Fitsarin mai ciwon sanyi yana iya ɗauke da ƙwayar cutar da ke huda baƙin ido cikin 'yan kwanaki.

Na uku, kwalli, wanda wasu ke kira tozali, Yarabawa kuma tiro. A daidai bakin jakunkunan maiƙo ake zizara shi, kuma sau da yawa mutanen gida ɗaya da maziyi ɗaya suke amfani. Ban da haka, kwallin dutse yana ɗauke da dalma. A shekarar 2012 hukumar yaƙi da cututtuka ta Amurka ta ba da rahoton wani jariri a birnin Boston da aka samu gubar dalma a jininsa sakamakon tiro da aka kawo daga Nijeriya, kuma da aka auna kwallin an tarar fiye da kashi 80 cikin 100 dalma ne.

Yaushe za a garzaya asibiti?

Kada a tsaya gashi idan gani ya ragu, ko ido yana ciwo mai tsanani, ko ba a iya kallon haske, ko wani farin tabo ya bayyana a baƙin ido. Haka nan idan kumburin ya mamaye fatar ido duka har da zazzaɓi, ko gashin ido ya juya ciki. Jaririn da bai cika wata ɗaya ba, in idonsa ya kumbura yana fitar da mugunya, a kai shi a ranar. Wanda hazbiya ke yawan fito masa ya gwada ciwon sukari. Dattijon da ƙullutu ke dawo masa a wuri ɗaya, ko gashin idonsa na gefe ɗaya ke zubewa, shi ma ya ga likitan ido, domin akwai ciwon dajin da ke fara bayyana da wannan kama.

Kammalawa

Hausawa kan ce ciwon ido sai haƙuri. A ganina maganar ta dace da kumburin gefen fatar ido, tun da ruwan ɗumi da naci ne maganinsa. Amma ba ta dace da amosanin ido ba, balle idon jariri mai mugunya. Saboda haka duk ranar da aka kira ɗayanmu tafinta, mara lafiya ya ce yana ciwon ido, sai mu taya shi fayyacewa: fatar ce ko ƙwayar? Ido ɗaya ko biyu? Ƙaiƙayi ne ko zafi? Tun yaushe? Gani ya ragu? Me aka riga aka zuba? Ina kuma ba 'yan'uwa shawara kowa ya tambayi dattawan da ya sani sunayen waɗannan cututtuka a karin harshensu, ko Sakkwatanci ne ko Katsinanci ko Zazzaganci, mu tattara su domin amfanin sashenmu. Allah Ya kare mana ganinmu, amin.